Fim Ɗin Da Bai Cika Minti Ɗaya Ba

Mai karatu, mu da muka saba da finafinan Hausa masu kashi na ɗaya da na biyu tun daga Turmin Danya a 1990, in aka ce mana akwai fim ɗin da bai cika minti ɗaya ba, dariya za mu yi. To wallahi akwai shi.

A 1895 wasu wa da ƙane, 'yan gidan Lumiyar, suka kafa kyamara a bakin masana'antarsu da ke birnin Liyon a Faransa. Ba magana, ba kiɗa, ba jarumi balle jaruma. Ƙofa a buɗe, ma'aikata na ta ɓullowa, galibinsu mata, ga mai keke, ga kare, kowa ya kama gabansa. Shi ke nan fa!

Su ba don wa'azi suka ɗauke shi ba, lokaci ne ya mayar da shi wa'azi. Duk wadda ka gani tana sauri a ciki, wataƙila miji na jiranta ko yaro na kuka a gida, yau ƙasa ta rufe idonta.

Ni a ganina, mu Katsinawa ba sai mun je Faransa ba, muna da namu a Ƙofar 'Yandaka. Ta nan Gwamna Lugga ya shigo Katsina a 1903, zamanin Sarki Abubakar. Lugga ya mutu a 1945, waɗanda suka tarbe shi ma babu ko ɗaya. Ita kanta ƙofar an sake mata gini, suna ne kawai ya rage. Je ka tsaya can yini guda ka gani. Da safe ɗalibai ne da 'yan talla, da hantsi a wuce da makara an yi tsit, bayan isha'i ga motocin kai amarya ana ta guɗa. Hanyar dai ɗaya ce.

Shi ya sa nake mamakin ma'auratan da ke kwashe mako guda suna gaba a kan cefane ko gishirin miya. Haba maigida! Haba uwargida! Da wa aka yi alkawarin zai kai Juma'a? In ya fita da safe, yi masa a dawo lafiya ko da ranki a ɓace. Kai ma waiwayo ka amsa mata, don ba duk mai fita ke dawowa da ƙafarsa ba.

Allah Ya sa mu cika da kyau da imani, amin.