Ɗigo Biyu da Tambayar da Ba a Amsa Ba: Zargin Makirci da Harkar Lafiya a Ƙasar Gwandu

Ranar da masu rigakafin shan inna suka shigo gari ba sai an gaya maka ba. Mata biyu ko uku cikin hijabi, ɗaya rataye da ɗan akwatin sanyi, ɗaya riƙe da takarda, ga yaron mai unguwa a gaba yana rangaɗa sallama. A matse wa yaro kumatu a ɗiga masa ɗigo biyu, a shafa masa tawada a farcen ƙaramin yatsa, a ja alli a jikin katanga, a wuce gida na gaba. Haka ake yi a Dangoma da Gayi da sauran garuruwan ƙaramar hukumar Kalgo, haka ake yi a Gwandu, shekara da shekaru, har waɗanda aka fara ɗiga wa sun zama iyaye. Amma da wuya a gama zagaye ba a tarar da ƙofar da za a daɗe a bakinta ba. Maigida zai fito, a gaisa cikin mutunci, ya yi musu ban gajiya, sannan ya ce: "Wai don mi wanga ɗigo ka biyo mu har gida kyauta, amma in yaro na masassara sai mun sai da akuya?"

Wannan tambaya ta fi ƙarfin wadda ake yi wa ita. Baiwar Allah ce da aka ɗauka aikin 'yan kwanaki, ladan da bai taka kara ya karya ba, amsar kuwa tana can Abuja da Janiba. Inda amsa ta ƙi zuwa, nan jita-jita ke shimfiɗa tabarmarta.

Jita-jitar kuma ba a ƙasar Hausa aka haife ta ba. A 1983 wata ƙaramar jarida mai suna Patriot a Indiya ta buga wasiƙa marar sa hannu, wai sojojin Amurka ne suka ƙirƙiri ƙwayar ƙanjamau a sansaninsu na Fort Detrick. Hukumar leƙen asirin Tarayyar Sobiyet, KGB, ita ta kitsa labarin, ta yi ta cusa shi a jaridun ƙasashe da dama, musamman na Afirka, don a ɓata abokiyar gaba lokacin yaƙin cacar baka. A 1992 Yevgeny Primakov, shugaban leƙen asirin waje na Rasha, ya amsa cewa aikinsu ne. Masu ƙaryar sun janye, ita ƙaryar ta ci gaba da yawo, har yau tana zuwa mana a saƙon murya ta WhatsApp da muryar wani da ya rantse shi likita ne.

Abin da ya sa ta kama ƙasa shi ne ta sami taki. Daga 1932 zuwa 1972 hukumar lafiyar Amurka ta zuba wa ɗaruruwan baƙaƙen fata masu ciwon tunjere ido a Tuskegee, ba ta yi musu magani ba, don kawai ta ga ƙarshen ciwon. Mu nan ba ma sai mun tsallaka teku ba. A 1996, ana tsakiyar annobar sanƙarau, kamfanin Pfizer ya gwada maganin Trovan a Asibitin Zana na Kano. Yara wajen 200 aka sa a gwajin, 11 suka rasu, wasu suka nakasa. Kamfanin ya tsaya a kan cewa sanƙarau ce ta yi ɓarnar, iyaye suka ce ba a yi musu bayanin gwaji ake yi ba, aka yi ta shari'a har 2009, lokacin da aka sasanta da gwamnatin Kano a kan dala miliyan 75. Ga kuma 2011, da aka gano hukumar leƙen asirin Amurka, CIA, ta fake da aikin rigakafin ciwon hanta a garin Abbottabad na Pakistan tana farautar Usama bin Ladan. Wanda maciji ya sara, in ya ga tsumma sai ya yi tsalle, kuma ban ga dalilin yi masa dariya ba.

Sai dai jita-jitar majalisar shayi daban, jita-jitar da ta hau kujerar mulki daban. Babu inda aka ga haka kamar Afirka ta Kudu. Thabo Mbeki ya hau mulki a 1999, mutum mai karatu, mai kishin Afirka, wanda ya tsani yadda Turawa ke kallon baƙar fata a matsayin matattarar cuta da fasiƙanci. Wannan haushi, da yake da gaskiyarsa, shi ya kai shi ga rubuce-rubucen Peter Duesberg, malamin jami'a a Kalifoniya mai cewa ba ƙwayar HIV ke kawo ƙanjamau ba. A 2000 Mbeki ya kafa kwamitin ba da shawara ya zuba irinsu a ciki. Ministarsa ta lafiya, Manto Tshabalala-Msimang, ta dinga tallar tafarnuwa da lemun tsami da man zaitun, tana kiran magungunan asibiti guba. Sai da ƙungiyar masu ɗauke da cutar ta kai gwamnati ƙara, Kotun Tsarin Mulki ta tilasta mata a 2002 ta bai wa masu juna biyu maganin da ke kare jarirai. Wani bincike na jami'ar Harvard da ya fito a 2008 ya ƙiyasta cewa jan ƙafar ya ci rayuka fiye da 330,000, an kuma haifi jarirai wajen 35,000 da cutar da ana iya kare su. A Gambiya abin ya fi haka muni a fuska, ko da yake bai kai yawa ba: a Janairun 2007 Yahya Jammeh ya ce shi da kansa yana warkar da ƙanjamau da haɗin itatuwa, ya sa marasa lafiya suka ajiye magungunansu, ya kori wakiliyar Majalisar Ɗinkin Duniya da ta nuna shakka.

Namu ya zo ta wata ƙofa. A 2003, shekarar da Amurka ta afka wa Iraƙi, Dokta Datti Ahmed, likita kuma shugaban Majalisar Ƙoli ta Shari'a a Najeriya, ya ce an gurɓata ɗigon shan inna da sinadarin hana haihuwa da ƙwayar ƙanjamau. Maganar ta faɗo a kunnen da bai manta Trovan ba, bai kuma manta manufar 'ya'ya huɗu da gwamnatin Babangida ta fitar a 1988 ba. Kano da Zamfara da Kaduna suka dakatar da rigakafi. Sauran sun dawo da wuri, Kano ƙarƙashin Malam Ibrahim Shekarau ta tsaya har Yulin 2004, sai da aka kawo maganin daga Indonesiya, ƙasar Musulmi. Gwaje-gwajen da gwamnatin tarayya ta sa aka yi sun wanke maganin, amma aikin gama ya gama. Yaran da shan inna ta kama a Najeriya sun tashi daga wajen 200 a 2002 zuwa sama da 1,100 a 2006, ƙwayar ta tsallaka ƙasashe kusan 20 da suka riga suka rabu da ita, ta kai Sudan da Yaman. Abin takaici har da dariya a ciki: ita kanta Indonesiyar da muka amince da maganinta, bayan shekara goma ba ta ga cutar ba, a 2005 ta same ta, kuma asalin ƙwayar daga wajenmu ne.

Gwamna na iya soke umarni da sa hannu ɗaya. Cire magana daga zuciyar mutum aiki ne na shekaru. Magana ba ta san iyakar jiha ba, ta bi fatake da almajirai da kaset-kaset na wa'azi ta shiga ko'ina, har bakin Gulbin Kabi. A Fabrairun 2013, shekara tara bayan an ce an gama, 'yan bindiga suka kashe ma'aikatan rigakafi tara a Kano.

Abin da ya fara juya lamarin ba sabon bincike ba ne, don binciken tun 2004 yana nan. A 2009 Sarkin Musulmi Muhammad Sa'ad Abubakar ya jagoranci kafa kwamitin sarakunan Arewa kan lafiya a matakin farko, aikin ya koma bin tsohuwar hanyar da kowa ya sani: daga sarki zuwa hakimi, zuwa dagaci, zuwa mai unguwa, da limami a gefe. A masarauta irin Gwandu wannan hanya tana da nauyi, kuma tana da tarihin da za ta dogara da shi, don shugabannin jihadi ba baƙin ilmin magani ba ne. Sarkin Musulmi Muhammadu Bello ya yi rubuce-rubuce a kansa, Malam Abdullahin Gwandu ma ya taɓo lafiyar jiki a cikin nasa. Mutumin da ya kori ma'aikaciyar gwamnati yana jin kunyar korar wanda ya raɗa wa ɗansa suna. A 2016 aka ga yaro na ƙarshe da ƙwayar shan inna ta asali ta kama, a Borno, ranar 25 ga Agustan 2020 aka bayyana Afirka ta rabu da ita.

To me ya sa har yanzu ake zagaye? Nan ne nake ganin hukuma na yi wa kanta sakiyar da ba ruwa. Ɗigon baki yana ɗauke da ƙwayar da aka raunana. A inda yara da yawa suka samu, ba ta da mafaka. A inda aka bar giɓi, takan yi ta yawo daga hanjin yaro zuwa na wani ta bayan gida da ruwan sha, har ta sake yin ƙarfi ta shanye ƙafa. Irin wannan ce ta addabi Kebbi da Sakkwato da Zamfara da Katsina a 'yan shekarun nan. Bayani ne da manomi zai gane cikin minti biyu, don ya san gonar da aka yi wa rabin noma. Amma ana jin tsoron faɗa masa, sai ya tsinci rabin labarin a waya, wai ashe maganin ne ke kawo cutar. Daga nan duk abin da aka faɗa masa ƙarya ce.

Game da ƙanjamau kanta, musunmu ba irin na Mbeki ba ne. Da wuya ka sami mai cewa babu ita. Mun binne mutane da yawa lokacin da ake kiranta kabari kusa. Namu musun iri biyu ne. Akwai mai cewa ciwon 'yan bariki ne, ba ya shiga gidan mutunci, sai ya aura ya ƙara aure ba gwaji, ta bi ta kan uwargida da amarya da abin da suka haifa. Akwai kuma mai cewa ana warkewa. Je kasuwar Jega ko wata babbar kasuwa ka tsaya kusa da motar mai magani: lasifika a kan rufi, jarkoki a but, yana jero basir da shawara da sanyi da ciwon zamani da numfashi ɗaya. Mun taɓa ganin babban irinsa, lokacin da Dokta Jeremiah Abalaka ya girgiza ƙasar nan wajen 2000 da iƙirarin ya samo magani. Tarkon yana da wayo. Ƙwayar asibiti, in ana shan ta kullum, takan danne cutar cikin 'yan watanni har na'ura ta kasa ƙirga ta a jini, mutum ya yi ƙiba, ba ya ma sa wa matarsa. Sai ya sha jiƙon wani a daidai lokacin, ya ga sakamako mai kyau, ya ba jiƙo lada, ya daina zuwa karɓar magani. Cutar ta dawo, wani sa'in ta dawo ba ta jin maganin farko. Binciken ƙasa na 2018 ya nuna kimanin mutum miliyan 1.9 ke ɗauke da ita a Najeriya, kuma duk da Arewa maso Yamma na cikin masu ƙarancinta, ƙarancin kan zama nasa sharrin: inda masu ciwo ba su da yawa, kunya ta fi yawa, har mutumin Kalgo kan gwammace ya wuce asibitin da ke kusa da shi ya tafi inda ba mai gane shi. Kano ta mai da gwaji kafin aure doka a 2024, abin da ya nuna malamai da hukuma na iya haɗuwa a kan wannan magana in sun so.

Akwai wani rauni da ba mu cika son taɓawa ba. Mafi yawan kuɗin maganin ƙanjamau daga waje yake zuwa, musamman shirin PEPFAR da Amurka ta kafa a 2003. Da gwamnatin Trump ta dakatar da tallafi a Janairun 2025, sai ga gwamnatin tarayya tana gaggawar ware naira biliyan 4.8 don sayen magani. A watan da ya biyo wani ɗan majalisar Amurka, Scott Perry, ya yi zargin kuɗin hukumar USAID na kaiwa ga Boko Haram. Jakadan Amurka a Abuja ya ƙaryata, amma wa ya ji shi? Mai bayarwa kan zaɓi cutar da ta dame shi, shi ya sa shan inna ke da mota da akwatin sanyi, ɗakin shan magani na ƙauye kuma ba shi da ko farasitamol. Wannan ita ce amsar gaskiya ga tambayar maigidan nan, kuma ba ta da makirci a ciki, sai sakaci. Zuwa Maris na 2025 sanƙarau ta kashe mutum 26 a Kebbi, akasarinsu a Gwandu da Jega da Aliero. Uban da ya ga haka yana da hujjar tambayar inda motocin suke kafin a fara mutuwa.

Yanzu dai an kawo abin da maigidan nan ya daɗe yana nema. Binciken 2021 ya nuna Kebbi ce kan gaba a zazzaɓin cizon sauro, kusan rabin yaran da aka gwada, kashi 49 cikin ɗari, suna da ƙwayar a jini. Saboda haka da ita da Bayelsa aka fara rigakafin zazzaɓin a Disambar 2024. Allura huɗu ce: wata biyar, wata shida, wata bakwai, sai ta ƙarshe a wata 15. Ba ta hana zazzaɓi ɗungurungum, rage shi take yi, don haka dole wani yaron da aka yi wa zai kwanta da damina, kuma maƙwabta za su ce ka gani ko. Galibi kuma ba a biyo ta gida da alli da tawada. Uwa ce za ta nemi izini, ta nemi kuɗin mashin, ta goya yaro daga Dangoma zuwa inda ake yi, sau huɗu, ta kuma yi sa'ar tarar da ma'aikaci da magani a ranar.