Yaƙin Bama: Sojojin Afirka ta Yamma a Yaƙin Duniya na Biyu

Yaƙin Duniya na Biyu, wanda dattawan ƙasar Hausa suke kira Yaƙin Hitila, ya ɓarke a watan Satumba na 1939, lokacin da Jamus ta afka wa Poland, Ingila da Faransa kuma suka ɗaura yaƙi da ita. A lokacin Najeriya da Gana, wadda ake kira Gwalkwas, da Saliyo da Gambiya duk suna ƙarƙashin Ingila, kuma rundunar soja ɗaya ce ta haɗa su. Yawancin sojojin Najeriya daga Arewa aka ɗebo su, Hausa kuwa ita ce harshen bariki, har hafsoshin Turawa ma sai sun koye ta.

Da yaƙi ya yi zafi, Turawa suka nemi ƙarin mutane ta hannun sarakuna. Sarki ya umarci hakimi, hakimi ya umarci dagaci, dagaci ya kawo samari. Wasu sun shiga da ƙafarsu saboda albashi da kaki, wasu kuwa tura su aka yi ba da son ransu ba. Kurtun da jiya yake riƙe da fartanya, sai ga shi a filin fareti yana koyon harbi a gaban saje.

Fagen farko shi ne Afirka ta Gabas, inda Italiya ta mamaye Habasha. A Fabrairun 1941 birget ɗin Najeriya ta shiga Mogadishu, daga nan ta ci tafiyar fiye da kilomita 1,500 zuwa Harar cikin wata guda. A watan Afrilu Addis Ababa ta kuɓuta daga hannun Italiya.

Babban gwajin yana can Asiya. A 1942 Japan ta ƙwace Malaya da Singafo da Bama, ƙasar da yanzu ake kira Myanmar, ta iso bakin iyakar Indiya. Ingila ta kafa manyan rundunoni biyu na 'yan Afirka ta Yamma, ta 81 da ta 82. Tambarin ta 81 gizo ne baƙi, na ta 82 kuwa masu biyu ne a gicciye kan gammo. A 1943 ta 81 ta shiga jiragen ruwa, ta kewaya ta Afirka ta Kudu, ta sauka a Indiya, daga baya ta 82 ta biyo ta. Jimillar 'yan Afirka ta Yamma da suka yi yaƙin Bama ta kai wajen 90,000, fiye da rabinsu 'yan Najeriya.

Gammon nan na jikin tambari yana da dalili. Yankin Arakan na Bama, inda aka tura su, duwatsu ne da ƙungurmin daji da rafuka, mota ba ta shiga, alfadari ma da ƙyar. Don haka kowace runduna tana da dubban 'yan dako, sojoji ne su ma, waɗanda suke ɗaukar harsasai da abinci da sassan igwa a ka. Da adda suke sare gora su buɗe hanya. A ƙarshen 1943 runduna ta 81 ta fasa hanyar ƙananan motoci mai tsawon kusan kilomita 120 zuwa kwarin kogin Kaladan. Daga can kuma abincinta da makamanta ta sama suke zuwa, jirage na sako su da lema a filayen da aka share. Wannan ya ba ta damar ratsa wuraren da Japanawa ba su zaci mutum zai biyo ba.

Dajin kansa abokin gaba ne. Damina na sauka wata da watanni, tufafi ba sa bushewa, matsattsaku na shiga cikin takalmi su sha jini. Zazzaɓin cizon sauro da atini sun kwantar da mutane masu ɗimbin yawa. A 1944 bataliyoyi uku na Najeriya suka shiga rundunar Chindit ta Janar Wingate, aka sauke su da jirage a bayan layin Japanawa, suka tsare sansanin White City ana yi musu ruwan wuta. A Janairun 1945 rundunonin 81 da 82 suka haɗu suka ƙwace tsohon birnin Myohaung. Japan ta miƙa wuya a watan Agusta na shekarar.

Mutanen gida ma sun ɗanɗana kuɗarsu. Da Malaya ta faɗi, Ingila ta rasa babbar mahaƙarta ta kuza, sai ta juyo kan Jos. Daga 1942 zuwa 1944 aka yi ta kwasar dubban manoma zuwa aikin tilas a ramukan kuza, inda sanyi da yunwa da cuta suka kashe da yawa. Aka matsa wa talakawa su ƙara noman gyaɗa, gishiri da kananzir da yadi suka yi wuya. Filin jirgin saman Kano ya zama zango a hanyar jiragen yaƙi da ake harhaɗawa a Takoradi, su bi ta Maiduguri da Fort Lamy da Khartoum zuwa Masar. Jaridar Gaskiya Ta Fi Kwabo, wadda aka fara bugawa a Zariya a 1939 da Abubakar Imam a matsayin edita, ita ce ta riƙa kai wa jama'a labarin fagen fama.

Yawancin sojojin sai a 1946 suka dawo. Albashinsu bai kai na sojan Bature ba, kuma kusan dukkan hafsoshinsu Turawa ne, sai ɗaiɗaiku irin su Seth Anthony na Gana. Wasu sun dawo da sana'ar tuƙi da kanikanci da karatun boko, amma da yawa ba su sami aikin da suka sa rai ba. A Fabrairun 1948 'yan sanda suka harbe mazan jiya uku a Accra suna zanga-zangar neman haƙƙinsu, lamarin da ya hanzarta fafutukar 'yancin Gana.

Da yawa daga waɗanda suka mutu an rubuta sunayensu a maƙabartar Taukkyan kusa da Yangon. A gida kuwa barikoki ne suka riƙe tarihin: Dodan da Arakan a Legas, Letmauk a Ibadan, Dalet da Kalapanzin a Kaduna, Chindit a Zariya, da Burma Camp a Accra, duk daga wannan yaƙi suka samo sunansu.