Ko Kun Sani? Bishiyar da Ake Tatsa

A ƙasashen sanyi irin su Rasha, Finlan da Latbiya akwai wata bishiya mai farin ɓawo, birch, wadda ake huda gindinta a saka bututu idan ƙanƙara ta fara narkewa, ruwa garau ya riƙa ɗiga cikin bokiti. Makonni biyu zuwa uku kawai ake tatsa. Da ganye ya fara toho, ruwan ya ɓaci. Da yawa suna kurɓarsa ɗanye. A Alaska kuwa dafa shi ake yi har ya yi kauri kamar maɗi, aiki ne ja: sai an ƙafe lita kusan 100 kafin a sami lita 1, ga sukarinsa da saurin ƙonewa. Shi ya sa yake da ɗan karen tsada.