Hanyoyin Kallon Ƙwallon Kwando a Birnin Kano

Gidajen kallo da ke unguwannin cikin ganuwa sun fi karkata ga ƙwallon ƙafa, saboda haka mai son ƙwallon kwando yakan nemi hanyarsa dabam. Gasar NBA ta Amurka, wadda ta samo asali a 1946 kuma take da ƙungiyoyi 30, ana nuna ta a tashar ESPN ta tauraron ɗan'adam, sannan akwai NBA League Pass, wato tsarin biyan kuɗi ta intanet wanda yake ajiye cikakken wasa domin a kalla daga baya. Amfanin ajiyar a bayyane yake, domin wasan da aka fara ƙarfe 7 na yamma a New York lokacin hunturu yakan dace da ƙarfe 1 na dare a Kano. Gasar nahiyar Afirka ta BAL, wadda aka fara a Kigali a 2021, ana watsa ta a YouTube, yayin da filin wasa na Sani Abacha da ke Ƙofar Mata yake da zauren da ƙungiyar ƙwallon kwando ta Kano Pillars take karɓar baƙi.