Ƙwallon Gem: Da Maɓalli Huɗu, Yanzu Sai An Yi Karatu

Duk wanda ya taso a Tudun Wada ko Kwanar Ɗangora a shekarun 2000 ya san shagon gem: benci, talabijin mai ƙeya, janareta na ruri a waje, da doka guda, wanda aka ci shi zai biya. A irin wannan shago na koyi Winning Eleven ta kamfanin Konami a kan PS2, kafin PES 6 ta 2006 ta karɓe fage.

Buga ta ba wuya. X fas, akwati shot, da'ira kuros, mai kusurwa uku kuma ta zura wa ɗan gaba ƙwallo ta tsakanin 'yan baya. R1 gudu. Fuskokin da ɗan wasa ke bi ƙidayayyu ne, ba ya juyawa yadda ka ga dama. In ƙwallo na ƙafar abokin karawa, danne X kawai, ɗan wasanka zai bi shi da kansa. Shi ya sa yaron da ya zo daga Riruwai ran kasuwa kan iya ta a yini guda, har ya ci ɗan gari. Rigimarmu ɗaya ce, wa zai ɗauki Inter Milan, saboda Adriano da aka ba ƙarfin shot 99.

Daga baya abin ya sauya: FIFA 10 ce ta saki ɗan wasa ya juya kowace fuska. FIFA 12 kuwa, a 2011, ta sauya tsaron baya ɗungurungum: kai za ka auna lokacin sa ƙafa, ka yi gaggawa a yanke ka a wuce. Yau a EA Sports FC, sunan da FIFA ta koma a 2023, sandar dama kaɗai na ɗauke da yanka iri-iri, wasu ma sai an haɗa da L1 ko R1. PES ta zama eFootball a 2021, armashinta kuma sai da intanet, wanda duk ya nemi sabis a hanyar dajin Falgore ya san abin da nake nufi.

Na yarda ta yanzu ta fi kama da ƙwallon fili, musamman nauyin fas da yadda 'yan wasa ke gogayya da kafaɗa. Sai dai an yi ta ne don mai na'ura a ɗakinsa, wanda zai raba dare yana gwaji. Yaron Bebeji ko Kiru da ke biyan wasa ɗaya-ɗaya ba shi da wannan sararin; kuɗinsa kan ƙare kafin hannunsa ya faɗa. Masu shago, don Allah ku bar PS2 ko guda ɗaya a gefe saboda masu koyo.