Tafkin Dagona Da Hukuncin Keɓe Ƙasa A Musulunci

Duk wanda ya bar Nguru ya nufi Gashuwa a tsakiyar hunturu, in ya ratse zuwa ƙauyen Dagona a ƙasar Bade, zai tarar da tafkin da tsuntsaye suka lulluɓe. Ga ɗinya da kirinjijiya da zalɓe, 'yan gida ke nan. Ga kuma baƙi, watau agwagin ruwa da wasu ƙananan tsuntsaye masu dogayen ƙafafu, waɗanda suka guje wa sanyin Turai, suka ƙetare Bahar Rum da Sahara, su kan zauna nan tun wajen Nuwamba har Maris. Mu da hantsi muka isa, ashe kuskure muka yi, don da sassafe ko da la'asar sakaliya a ke ganin taronsu sosai.

Tafkin yanki ne na fadamar Haɗeja da Nguru, inda kogin Haɗeja da na Jama'are su ke bazuwa kafin su zama kogin Yobe su gangara Tafkin Cadi. An hana farauta a wurin. Yarima Filif, mijin marigayiya Sarauniyar Ingila, ya ziyarce shi a 1989, kuma a 2008 aka sa shi cikin jerin dausayin da duniya ta amince a kiyaye. Jin haka ya sa wani Alhaji ɗan kasuwa da mu ke tare da shi ya ce ai wannan bidi'ar Nasara ce, a hana mutum naman da Allah ya halatta masa.

Alhaji bai yi daidai ba. Keɓe wani yanki na ƙasa don amfanin jama'a abu ne sananne a fiƙihu, sunansa hima. A zamanin jahiliyya mai ƙarfi ya kan keɓe makiyaya don dabbobinsa shi kaɗai. Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya soke wannan, sa'an nan ya keɓe Naƙi'u kusa da Madina don dawakin Musulmi. Ya kuma haramta farauta da sare itace a haramin Madina. Sayyidina Umar ya keɓe Sharaf da Rabaza.

Abin lura a nan shi ne umurnin da Umar ya ba baransa Hunayyu sa'ad da ya naɗa shi mai gadin hima, kamar yadda Imamu Malik ya kawo a ƙarshen Muwaɗɗa. Ya umurce shi ya sassauta wa mutane, ya ji tsoron addu'ar wanda aka zalunta, ya bar mai 'yan raƙuma da mai 'yan tumaki su shiga, amma ya tare garken Abdurrahman ɗan Aufu da na Usman ɗan Affan. Dalilinsa kuwa, waɗannan biyu ko dabbobinsu sun halaka suna da gonaki da dabino, shi kuwa talaka sai dai ya zo da 'ya'yansa yana kuka a ƙofar Halifa. Manyan sahabbai ne fa, attajirai, aka tare.

To, mu da mu ke zuwa irin waɗannan wurare da mota mai kyau da takardar ofis a aljihu, mu ne a matsayin masu manyan garke. Wanda ya ɓoye bindiga a bayan mota, ya miƙa wa mai gadi na goro don ya kau da kai, ya ci amana sau biyu, tasa da ta mai gadin. Alhali kuwa masuncin da ke kwana a bakin ruwan, shi a ke fara kora in an tashi tsananta doka.

Kuma ba farauta ce kaɗai ta taɓa fadamar ba. Tun da aka gama madatsar Tiga a 1974, da ta Challawa a 1992, ambaliyar da ta saba cika fadamar kowace damina ta ragu ƙwarai. Ciyawar kacalla ta toshe hanyoyin ruwa, ta cinye gonakin shinkafa da wuraren su, ta kuma zama mafakar jan baki mai cin hatsi. Lokacin sakin ruwan nan da yawansa, ma'aikata ne irinmu su ke tsara shi a kan takarda, ɗaruruwan mil daga Dagona.

Da za mu tashi, Alhaji ya sayi busasshen kifi na kuɗi mai yawa a hannun matan ƙauyen, bai nemi ragi ba, abin da ba mu taɓa gani ya yi a Kantin Kwari ba.