Alhaji Abubakar Imam da Makarantar Gaskiya Ta Fi Kwabo

Galibin masu nazarin Hausa sun fi sanin Alhaji Abubakar Imam ta wajen littattafansa na hira, wato Ruwan Bagaja da Magana Jari Ce. Amma ga masu tsara aikin yaƙi da jahilci, shekaru goma sha biyun da ya yi yana editan Gaskiya Ta Fi Kwabo sun fi cancantar a tsaya a kansu, domin a cikinsu ne aka gwada, karo na farko a ƙasar Hausa, yadda jarida za ta riƙe mutumin da ya koyi karatun boko don kada karatun ya zube masa. Wannan matsala ita ce ke gaban duk wanda ya buɗe ajin manya a Belbeji ko Tanut.

An haifi Abubakar Imam a Kagara, cikin ƙasar Kwantagora, a shekarar 1911. Mahaifinsa malami ne kuma alƙali, saboda haka ya fara da karatun allo da Larabci kafin boko. Ya shiga Kwalejin Horon Malamai ta Katsina a 1927, ya fita a 1932, aka ba shi koyarwa a Makarantar Midil ta Katsina. Ashe ke nan sana'arsa ta fari malanta ce, kuma bai rabu da halin malami ba har bayan da ya bar aji.

A 1933 Ofishin Talifi na Zariya, ƙarƙashin Dokta Rupert East, ya shirya gasar rubuta ƙagaggun labarai da Hausa. Littattafai biyar suka fito daga wannan yunƙuri: Ruwan Bagaja na Imam, da Ganɗoki na wansa Malam Bello Kagara, da Shaihu Umar na Abubakar Tafawa Ɓalewa, da Idon Matambayi na Muhammadu Gwarzo, da Jiki Magayi wanda John Tafida ya rubuta tare da East. A 1936 East ya aro Imam daga Katsina zuwa Zariya, inda ya zauna wajen wata shida ya rubuta Magana Jari Ce, littafi uku. A nan ne aka ga irin horon da East yake bayarwa: ya tara wa marubuci labarai na Larabawa da na Turawa da na wasu ƙasashe, ya bar shi ya narkar da su, sa'an nan su zauna su bi rubutun jimla jimla. Abin da ake nema shi ne Hausar da za a karanta a ji kamar a bakin mutum take fitowa.

Kafuwar jaridar

Kafin Gaskiya an yi Jaridar Nijeriya ta Arewa, wadda aka fara a 1932 cikin Hausa da Turanci da Larabci, amma ba ta fita a kai a kai, kuma yawancin abin da ke cikinta sanarwar hukuma ce. Da guguwar yaƙin duniya na biyu ta taso, sai jita-jita ta bazu cewa Ingila za ta miƙa Nijeriya ga Jamus. Hukuma ta ga ba ta da bakin da za ta yi wa talakawa magana da shi. A watan Janairu na 1939 aka fitar da Gaskiya Ta Fi Kwabo, ana sayar da ita kwabo ɗaya, Imam yana editanta, East yana duba aikin.

Babu makarantar koyon aikin jarida a Arewa a wancan zamani, sai ofishin ya zama shi ne makarantar. Edita shi ke fassara labaran yaƙi, shi ke rubuta sharhi, shi ke tace wasiƙu, kuma shi ke nuna wa ƙananan ma'aikata yadda ake yin kowanne. Cikin waɗanda suka yi aiki a wannan gida akwai Malam Nuhu Bamalli, wanda daga baya ya zama Ministan Harkokin Waje na Nijeriya.

Sai dai ɗaliban Imam mafi yawa ba a ofis suke ba. Filin wasiƙun masu karatu shi ne babban ajinsa. Malamin makaranta, ko akawun En'e, ko soja a bakin daga, ya ɗauki alƙalami ya rubuto kukansa ko tambayarsa. Edita ya gyara rubutun, ya buga, wani lokaci ya sa amsa a ƙasa. Wanda ya ga sunansa da na garinsu a takarda ya sami dalilin sake rubutu, maƙwabtansa kuma sun sami dalilin neman a karanta musu. Ta haka kwafi ɗaya yakan zaga zaure bayan zaure. Gyaran da edita yake yi wa wasiƙa darasi ne na ƙa'idar rubutu wanda ba a kira shi darasi ba, kuma a daidai wannan lokaci ne haruffa masu lanƙwasa, wato ɓ da ɗ da ƙ, suke shiga ɗab'i a madadin ɗigon da ake sawa a ƙarƙashin harafi. Littattafan makaranta sun koya wa yara su, jarida ta saba wa manya da su.

Akwai kuma sha'anin kalmomi. Yaƙi da siyasa sun zo da abubuwan da Hausa ba ta da sunansu a da, dole edita ya yanke shawara cikin gaggawa: ko ya ari kalmar Turanci ya hausantar da ita, ko ya koma ga Larabci, ko ya ƙirƙiro daga cikin gida. Salon da ya fito daga wannan aiki har laƙabi aka yi masa, ana ce da shi Gaskiyanci, kuma ba kullum ake faɗin haka da yabo ba. Duk da haka, kafin a kafa Hukumar Harshen Hausa a 1955, jaridar ta riga ta yi rabin aikin daidaitawa.

A 1943 Imam yana cikin ƴan jarida takwas na Afirka ta Yamma da aka gayyata Ingila. Nnamdi Azikiwe ya shirya takardar neman mulkin kai, Imam bai sa hannu ba, yana ganin Arewa ba ta shirya ba ta fuskar ilmi. A wannan tafiya ya gana da Lugga, tsohon Gwamna, ya bayyana masa matsalolin mulkin En'e da ƙarancin makarantu. Labarin tafiyar shi ne littafinsa Tafiya Mabuɗin Ilmi. A 1945 aka kafa Kamfanin Gaskiya a Tudun Wada ta Zariya, a 1948 kamfanin ya ƙara da jaridar Turanci, Nigerian Citizen. Imam ya bar kujerar edita a 1951, ya shiga majalisa, daga nan ya koma Hukumar Ɗaukar Ma'aikata ta Jihar Arewa. Ya rasu a Zariya ranar 19 ga Yuni, 1981.

Tarihin jaridar kuwa an same shi ta hanya biyu. Imam da kansa ya bar bayanin rayuwarsa da Turanci, wanda Abdurrahman Mora ya shirya aka buga a 1989. Farfesa Ibrahim Yaro Yahaya na Jami'ar Bayero kuma, cikin Hausa a Rubuce na 1988, ya jera Gaskiya tare da jaridun larduna da Hukumar NORLA ta riƙa bugawa a shekarun 1950 don waɗanda suka gama ajin yaƙi da jahilci, irin su Himma ta Katsina, da Zaruma ta Sakkwato, da Sodangi ta Kano.

Abin da ya shafi Damargu

Nijar ta bi irin wannan hanya bayan samun mulkin kai. Ma'aikatar yaƙi da jahilci ta fitar da ƙananan jaridun karkara tun daga tsakiyar shekarun 1960, kamar Saabon Ra'ayii ta Madawa, da Gangaa ta Yamai, da Muryar Damagaram. Rubutun sunaye biyun farko ma kansa yana nuna bambancin da ke tsakanin ƙasashen biyu a lokacin, domin a Nijar ana ninka wasali mai tsawo, a Nijeriya ba a yi. Taron Bamako na 1966 da na Yamai na 1980 duk sun zauna ne a kan irin wannan saɓani. Bambancin aron kalmomi kuwa taro ba ya kashe shi: inda Bakano zai ce ofis, mutumin Damagaram biro zai ce, kuma lakkol ta zauna daram a bakinsa. Don haka Gaskiyanci ba rigar da za a ɗauko a sa wa manomin Belbeji ba ce yadda take.

Abin ɗauka shi ne tsarin aikin. A Damargu Hausa ce harshen kasuwa tsakanin Hausawa da Buzaye da Dagirawa da Fulani, saboda haka takarda ɗaya ta Hausa tana iya isa ga mutanen da harshen gidansu ya bambanta. Amma takardar da aka rubuta gaba ɗayanta a ofishin birni, aka cika ta da umurnin malaman gona da na lafiya, ta fi kama da Jaridar Nijeriya ta Arewa bisa ga Gaskiya. Belbeji ta zama gunduma mai zaman kanta a 2011 bayan an cire ta daga Tanut. Ke nan akwai matakin hukuma a kusa wanda zai iya ɗaukar nauyin ƴar takarda, ko da shafi biyu ce, mai ɗauke da farashin hatsi da na bisashe, da labarin rijiyoyi da burtali, da fili na wasiƙu. Wanda za a ɗora a kanta ya fi kyau ya kasance malami ne da ya saba gyara rubutun ɗalibi ba tare da ya kashe masa gwiwa ba.

Su kuma masu bincike, tsofaffin jaridun karkarar nan suna bukatar irin aikin da Yahaya ya yi wa na Nijeriya: a tattara kwafin da suka rage a ofisoshin yaƙi da jahilci na Damagaram da Maraɗi da Tawa, a rubuta shekarar fara kowacce da ta tsayawarta, da ƙa'idar rubutun da ta bi, da yawan shafukan da ta bar wa masu karatu su yi magana.